Ƙanena na kaso kan kisan kai, kawu ya ce mu nemo shaidu kafin zaman Damagaram

Assalamu alaikum Baba. Ni 'yar kasuwa ce a nan Maradi, atamfa nake sayarwa. Ƙanena da muke ciki ɗaya ɗan kabu-kabu ne, shekararsa 26. Bara waccan aka tsinci gawar wani mutum a gefen hanyar wani ƙauye wajen Madarunfa, an soke shi da wuƙa. Kwana uku kafin nan sun yi cacar baki da ƙanena a tasha kan bashin jika 40, mutane sun ji ya ce masa "za ka gani". Aka kama shi, aka yi shari'a a nan Maradi, aka yanke masa ɗaurin rai da rai. Abin da aka riƙe shi da shi uku ne: mutum ɗaya da ya ce ya haska shi da cocila yana barin wurin a kan babur, da takardar da ya dangwala wa hannu inda aka tsare shi, wadda ya ce duka ne ya sa shi, da wuƙar da aka samu a ƙarƙashin sirdin babur ɗinsa. Lauyan da aka ba shi ya ɗaukaka ƙara cikin lokaci, an ce dosiye, wato tarin takardun shari'ar, ya tafi Damagaram.

Yanzu kawunmu ya ce yana da mutum biyu da za su rantse a Jibiya ya kwana a daren. Wani kuma ya zo ya ce ya san hanya, mu ba shi miliyan ɗaya da rabi. Dattawan ƙauyen suna maganar diyya. Ina da fili, na yi niyyar sayarwa. Akwai abin da ban taɓa faɗa wa kowa ba, Baba: a daren nan ya shigo gida wajen ƙarfe ɗaya, hannun rigarsa a yage, na tambaye shi ya ce faɗuwa ya yi. Innarmu ba ta barci. Me alƙalan can suke dubawa? Ni kuma me zan yi?

Ɗiyarka, daga Maradi

Wa alaikumus salam ɗiyata. Allah ya jiƙan wanda ya rasu, ya ba iyalansa haƙuri, ku kuma ya kawo muku mafita. Da gangan na fara da mamacin, don duk alƙalin da zai buɗe dosiyen nan da shi zai fara. An kashe mutum, shi ma yana da uwa.

Shaidun kawu, a'a. Mai sanin hanya, a'a. Filin kuma ki riƙe abinki tukuna. Yanzu ki gyara zama, don dalilan suna da ɗan tsawo.

Ƙanenki ya samu wata ƙofa da 'yan shekarun baya babu ita. A da, manyan laifuka irin kisa wata kotu ta musamman ce ke zama kansu lokaci-lokaci, idan ta yanke ta yanke, ba wata kotun da za ta sake sauraron shaidu, sai dai a kai kuka Yamai kan an karya ƙa'ida. Gyaran da aka yi wa dokar shari'ar laifuka a 2019 ne ya sauya wannan: aka kafa sashen manyan laifuka a manyan kotunan jihohi, irin ta Maradi, aka kuma buɗe hanyar ɗaukaka ƙara. Shari'o'in Maradi kuwa tun da can Damagaram aka saba kai su.

Ke 'yar kasuwa ce, za ki gane da wannan. An auna wa mutum buhun gero, ya ce bai cika ba. Kotun ɗaukaka ƙara ita ce mai zazzage buhun a tabarma ta sake aunawa tiya-tiya. Kotun ƙoli ta Yamai kuwa ba ta taɓa geron, tiyar kawai take dubawa, ko ta ƙa'ida ce, ko an yi awon yadda doka ta ce. Saboda haka zaman Damagaram shi ne kusan karo na ƙarshe da wani alƙali zai tambayi kansa: shin yaron nan ne ya yi? Shi ya sa ba na son ku ɓata shi da shirme.

Mu a Maradi kunnenmu yana Nijeriya, rediyonsu muke ji, labarin kotunansu muke sha, har mutane suna ɗauka tsari ɗaya ne. Can tsarin Ingila suka gada, inda kotun sama ba ta cika taɓa abin da alƙalin farko ya gani da idonsa ba, ga kuma kotunan shari'ar Musulunci a Katsina da Zamfara. Mu namu daga Faransa ya samo asali, dokar laifuka da ta tsarin shari'arsu duk a 1961 aka fara kafa su, an yi ta yi musu gyara. A tsarinmu doka ba ta ƙayyade wa alƙali cewa shaidu biyu sun isa ko ɗaya bai isa ba. Kowace irin hujja ana iya kawo ta, shi kuma ya yanke bisa abin da zuciyarsa ta natsu da shi. Amma an ɗaure shi da igiya biyu. Ba zai dogara da komai ba sai abin da aka baje a gaban kotu kowane ɓangare ya samu damar tankawa. Kuma idan shakka ta rage bayan an gama, wanda ake tuhuma ne ke cin moriyarta. Aikin lauyanku ke nan. Ba sai ya nuna wanda ya yi kisan ba, ya ishe shi ya nuna cewa abin da aka riƙe ƙanenki da shi bai kai a ɗaure mutum har mutuwa ba.

Mu ɗauki mai cocilar, don shi ne ginshiƙin shari'ar. Mutumin nan ya yi magana aƙalla sau uku: gaban masu binciken farko, gaban alƙali mai bincike, da gaban kotu. Duk a rubuce suke cikin dosiye, kuma alƙalan ɗaukaka ƙara jera su suke yi su karanta. Abin da na fi so lauya ya duba shi ne magana ta farko. Ya ambaci sunan ƙanenki tun a ranar, ko kuwa cewa ya yi "na ga wani a kan babur", sunan bai fito ba sai bayan gari ya ɗauka cewa an kama wane? Tsakanin waɗannan biyun akwai tafiya mai nisa. Mutum yana iya ganin duhun wani a kan babur, washegari ya ji labarin cacar bakin tasha, kwana biyu kansa ya liƙa fuska a kan duhun nan, ya rantse da Alƙur'ani kuma ba ƙarya yake yi da gangan ba.

Sannan a bi daren daki-daki. Nawa ga wata ne, akwai farin wata ko duhu ne? Lokacin hazo ne, da 'yan kabu-kabu ke naɗe fuska da rawani? A ina yake tsaye, taku nawa tsakaninsu? Babur ɗin tunkaro shi yake ko baya ya ba shi? Duk wanda ya taɓa tsayawa a hanyar ƙauye da dare babur ya tunkaro shi ya san fitilar kashe ido take, ba ka ganin wanda ke bayanta sai ya gifta, giftawar kuma ƙiftawar ido ce. Idan baya ya ba shi, to ƙeya ya gani. Ya san ƙanenki da ma, ko ranar ya fara ganinsa? Me ya fito da shi a wannan sa'a? Akwai wata jiƙaƙƙa tsakaninsa da gidanku, ko dangantaka da gidan mamacin? Alƙali mai bincike ya haɗa su gaba da gaba? An koma wurin an gwada ko daga inda ya ce yana tsaye ana iya gane fuska? Kotun ɗaukaka ƙara tana da ikon sake kiran shaida ko ta ba da umurnin ƙarin bincike, amma ba ta cika yi don kanta ba, sai lauya ya nema a rubuce ya faɗi dalili.

Kada ki ɗauka wannan wayon lauyoyi ne kawai. A Amurka ƙungiyar Innocence Project ta tattara shari'o'in mutum 375 da aka ɗaure, daga baya gwajin ƙwayoyin halitta ya wanke su, tsakanin 1989 da 2020. A kashi 69 cikin 100 akwai shaidar gani da ido da ta nuna mutumin da ba shi ba. A kashi 29 cikin 100 kuma akwai amsa laifin ƙarya.

Wannan ya kawo mu ga takardar da ya dangwala. Mutanenmu suna ganin wanda ya amsa da bakinsa tasa ta ƙare. A doka ba haka ba ne. Amsa laifi hujja ce kamar sauran, alƙali na iya karɓa, yana iya watsarwa, takardar masu binciken farko kuma matsayinta na bayani ne, ba hukunci ba. Sai dai in gaya miki gaskiya, "duka na sha" magana ce da alƙalai ke ji kusan kowane zama, daga mai gaskiya da maƙaryaci, har kunnensu ya saba. Faɗa kawai ba ta motsa su. Abin da ke motsa su alama ce.

Ga inda ake neman alamar. Tsarewar bincike a laifi irin wannan awa 48 ce, ana iya ƙara wasu 48 da izinin mai gabatar da ƙara. A duba ranar kamu da ranar da aka miƙa shi kotu. Doka ta ce wanda za a miƙa ya zo da takardar likita mai nuna ba a taɓa lafiyarsa ba. Tana cikin dosiye? Wa ya sa mata hannu, yaushe? Ranar da ya shiga gidan kaso an rubuta wani rauni a jikinsa, ko ya je wurin mai ba da magani a makon farko? Cikinku wa ya fara ganinsa, me ya gani? An sanar da shi yana da 'yancin lauya? Takardar da faransanci aka rubuta ta, shi kuma in bai yi lakwal mai zurfi ba, wa ya karanta masa da Hausa kafin ya dangwala? Nijar ta shiga yarjejeniyar duniya ta hana azabtarwa tun 1998, yarjejeniyar kuma ta hana a yi hujja da maganar da aka tatsa da azaba.

Tambayar da ta fi duka nauyi ita ce me ya ce ranar da ya fara tsayawa gaban alƙali mai bincike. Idan a nan take ya ce "ban yi ba, dukana aka yi", aka rubuta, yana da abin riƙewa. Idan kuwa ya maimaita amsawar a can, inda babu mai sanda a kansa, bai janye ba sai bayan wata shida, to hawan zai yi tsauri, gara ki sani tun yanzu.

Alƙali mai hankali kuma yana karanta cikin amsawar, ba hannun da aka dangwala kawai ba. Ta ƙunshi abin da mai kisan kaɗai zai sani, ko abin da duk ƙauyen ya riga ya sani ne? Ta dace da takardar likitan da ya duba gawar? In takarda ta ce ya soke shi sau ɗaya a ciki, likita ya rubuta rauni uku a baya, to wani abu bai zauna ba. A Faransa an yi wani yaro, Patrick Dils, yana da shekara 16 ya amsa kisan yara biyu a hannun 'yan sanda, daga baya ya janye, aka yanke masa rai da rai a 1989. Sai a 2002 kotun ɗaukaka ƙara a birnin Lyon ta wanke shi, bayan ya shekara 15 a kaso. Na kawo shi don ki san alƙalan da suka yi karatun wannan tsari sun san irin haka na faruwa. Ki kuma lura da yawan shekarun.

Wuƙa ba za ta ɗauke mu lokaci ba. Ɗan kabu-kabun da ke bin hanyar Madarunfa da dare, in an ce ba ya ɗauke da ƙarfe ma sai a yi mamaki. Abin tambaya: an samu jini a jikinta, an kai ta awo, an rufe ta da hatimi tun ranar, faɗinta ya dace da raunin, wa ke wurin da aka ɗaga sirdin? In babu ko ɗaya, wuƙa ce kawai. A wajenmu ana gaggauta jana'iza, sau da yawa ɗan abin da likita ya rubuta a rabin shafi shi ne duk abin da ya rage game da gawar, don haka a karanta rabin shafin nan da kyau. "Za ka gani" kuma tana nuna akwai ɓacin rai, ba ta nuna hannu. Haɗarinta a wani wuri yake, zan zo kansa.

Alƙalai ba sa auna waɗannan ɗaya-ɗaya su tsaya. Suna duba ko suna tallafar juna, kuma ko kowace daga tushenta ta fito. Idan cacar baki ce ta sa aka kama shi, kamun ya sa mai cocila ya tuna fuska, maganar mai cocila aka karanta masa ya dangwala, to abin da ake ƙirgawa uku ko huɗu asalinsa ɗaya ne. Lauyan da ya iya nuna wannan ya yi rabin aiki.

Abin da za ku iya kawowa sabo shi ne abin da ke ɗauke da rana da sa'a, wanda ba bakin mutum ya ƙaga ba. Wayarsa: kotu na iya neman kamfani ya ba da jerin kiran daren da eriyar da wayar ta kama. Rasit na tura kuɗi ko karɓa. Fasinjan ƙarshe da ya ɗauka, mai fetur na kwalba da ya zuba masa, mai facin da ya gyara babur washegari in da gaske faɗuwa ya yi. Kamfanoni ba sa ajiye bayanai har abada, mutane kuma suna mantuwa, don haka wannan na gaggawa ne. Amma kafin lauya ya nemi bayanan waya sai ya san abin da za su nuna, don suna iya wanke shi, suna iya kuma ajiye shi a bakin hanyar nan da ƙarfe goma sha biyun dare.

Yanzu shaidun kawu. Ki zauna ki ji yadda za ta kaya. Za a shigo da na farko, na biyu yana waje ba ya ji. Shugaban kotu zai tambaye shi a hankali: da wane lokaci ya iso Jibiya, ta Ɗan Isa ya bi ko ta daji, wa ya ɗauko, a ɗakin wa ya kwana, me kuka ci, wa ya ja sallar asuba? Sai a shigo da na biyu a maimaita. Sannan tambayar da ba ta da amsa: shekara biyu mutumin nan yana kaso, an yi bincike, an yi shari'a, kuna ina? Shi kansa ƙanenki, a duk maganganunsa da ke rubuce, ya taɓa ambatar Jibiya? Ramin ƙarya ƙurarre ne. Ranar da ta rushe ba ita kaɗai za ta faɗi ba, za ta tafi da maganar dukan da aka yi masa, ko da gaskiya ce, ta tafi da duk shakkar da lauya ya gina kan mai cocila, don alƙali zai ce a ransa mai gaskiya ba ya hayar baki. Shaidar zur laifi ce da ake ɗaure mutum a kanta, wanda ya shirya ta ma haka. Kawu zai je ceto ya ƙara muku mutum uku a kaso. Ta fuskar addini kuwa ba sai na tuna miki ba cewa Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, yana kishingiɗe ya tashi zaune da ya zo kan shaidar zur cikin manyan zunubai. Ki gaya wa kawu da ladabi, a gaban Inna, cewa lauya ya hana. In ya matsa, ki haɗa shi da lauyan su yi magana.

Mai sanin hanya kuma, sana'arsa ke nan, irinsu ba sa rabuwa da inuwar bakin kotu. In an sassauta ya ce aikinsa ne, in an tabbatar ya ce wancan ɓangaren sun fi ku bayarwa, kuma ba inda za ki kai ƙararsa don ke ma kin shiga laifin. Ba alƙali ɗaya ke zama kan irin wannan shari'a ba. Ki rufe wannan babin.

Diyya magana ce mai daraja, amma ki san iyakarta a nan. Kotunanmu suna bin al'ada a aure, saki, gado da gona, ban da kisa. Tuhumar kisa ta hukuma ce, ba ta dangin mamaci ba, ko sun yafe ba ta faɗuwa. Abin da ke hannunsu shi ne neman a biya su hasarar da aka yi musu, wannan suna iya janyewa ko a daidaita. Sulhu yana iya sanyaya zaman kotu, yana iya shiga cikin abin da alƙalai ke dubawa wajen sassauci. Sai dai ki lura: wanda ke cewa "ban yi ba" a Damagaram, danginsa kuma suna kai diyya ƙauye, ya yi magana biyu. Gaisuwar ta'aziyya da mutunta mutane daban, wannan ku yi. Kuɗi kuwa kada ko dala ta motsa sai lauya ya san da ita.

Saura rigar. Na san ita ce ta sa kika rubuto, sauran duk rakiya suka yi mata.

Yagaggen hannun riga da ƙarfe ɗayan dare ba hujjar kisa ba ne. Masu babur suna faɗuwa kullum, yashin hanyoyin nan ba ya raga wa kowa. Amma ke kin san ƙanenki, kin ga fuskarsa a daren, kuma da zuciyarki ta natsu da ba ki ɓoye abin shekara biyu ba. Ba zan ce miki ya yi ba, ba zan ce bai yi ba. Abin da zan ce, tsakanin "ban je wurin ba" da "rai da rai" akwai matakai, iyalai da yawa kuma suna rasa su saboda sun kafe kan na farko.

Dokarmu ta raba kisa. Akwai wanda aka shirya tun da wuri ko aka yi kwanton ɓauna, shi ne mai kai wa ga hukuncin kisa. Akwai kisa da niyya amma ba shiri. Akwai duka ko sara da aka yi da gangan, ba da nufin kashewa ba, rai ya fita, wannan hukuncinsa ɗaurin shekaru ne masu iyaka. Akwai kare kai, akwai tsokana mai tsanani da ke rage hukunci, akwai kuma dalilan sassauci da alƙalai ke dubawa, kamar ƙuruciya da rashin laifi a baya. Kotun ɗaukaka ƙara tana iya sauya sunan laifin ta rage hukunci ko da ba ta sallame shi ba. Idan abin da ya faru shi ne sun haɗu a hanya, aka yi kokawa kan jika 40, riga ta yage, wuƙa ta fito, to wannan wata shari'a ce dabam, ana kare ta da wasu hujjoji dabam: wa ya fara, wuƙar ta wa ce, rauni nawa, a ina, shi ma ya ji ciwo? Lauyan da aka gaya wa "ban je ba" ba zai iya yin wannan aikin ba.

Don haka ki je gidan kaso, ba da Inna ba, ba da kawu ba. Kada ki tambaye shi ko ya yi, wurin ziyara ba wurin wannan magana ba ne, kunnuwa sun yi yawa. Ki ce masa: "Na ga rigarka a daren nan. Ba ni za ka gaya wa ba. Ka gaya wa lauyanka duk abin da ya faru, kada ka rage komai." Lauya yana ƙarƙashin sirrin aiki, abin da aka gaya masa ba ya fita. Ke ma ki gaya wa lauyan abin da kika gani, kafin wani ya yi tunanin kiranki shaida ki ce ya kwana gida. 'Yan'uwa na jini ana sauraronsu ne ba tare da rantsuwa ba, maganarsu ba ta da nauyin ta bare, amma in ta karye tana yin ɓarna daidai da ta kowa.

Ga haɗarin "za ka gani" da na ce zan dawo kansa. Ƙa'ida ita ce idan wanda aka ɗaure ne kaɗai ya ɗaukaka ƙara, ba a ƙara masa hukunci. Idan mai gabatar da ƙara shi ma ya ɗaukaka, ƙofa a buɗe take ta kowane gefe, kuma zai iya cewa maganar tasha da kwana ukun da suka biyo baya shiri ne. Rabon Nijar da zartar da hukuncin kisa tun 1976, amma kotuna suna yanke shi. Tambaya ta farko da za ki yi wa lauya ke nan: mu kaɗai muka ɗaukaka, ko har da su? Ta biyu: da wane suna aka kira laifin a hukuncin Maradi, kuma wane dalili aka rubuta? Ta uku: ya karɓi kwafin dosiyen duka ya karanta, ya kuma zauna da ƙanenki su biyu?

In amsar ta ukun ta zo da inda-inda, a nan ne kuɗinki zai yi amfani. Yawancin lauyoyin ƙasar nan a Yamai suke zaune, wanda aka naɗa wa mutum kyauta kuma sau da yawa dosiye ba ya isa hannunsa sai zama ya matso. Akwai hukumar ba da agajin shari'a, ANAJJ, da aka kafa da dokar 2011, tana da ofishi a manyan kotuna. Ki fara da can, ki ji abin da ƙanenki ya cancanta. Idan za ku ɗauki lauya na kanku, ku yi yarjejeniya a rubuce, har da kuɗin zuwansa Damagaram da zuwa ganin ƙanenki, a biya kashi-kashi, kowane biya da rasit. Duk wanda ya ce miki ya tabbatar za a sallame shi, ki ɗauki jakarki ki fita. Fili kuma, in ta kama dole, sai bayan kin ji adadi daga bakin lauya. Ko yaya shari'ar ta ƙare akwai Inna da za a riƙe, akwai mai zaman kaso da za a riƙa kai wa abinci da sabulu da magani.

Inna kuma kada ku yi mata alkawarin ranar dawowa. Ku ce mata za a sake duba shari'ar daga tushe, ana iya sallama, ana iya ragewa, ana iya barin hukuncin yadda yake.

In an bar shi yadda yake, saura Yamai, inda tun 2023 Kotun Ƙasa ce ke riƙe da aikin tsohuwar kotun soke hukunci, wato kotun ƙolin da na ambata. Can ba a sake kiran mai cocila, kuskuren doka da na tsari kawai ake dubawa, shi ya sa duk wani ƙorafi kan tsarewa, tafinta ko takardar likita dole lauya ya gabatar da shi a rubuce tun a Damagaram don ya shiga dosiye. Wa'adin kai kuka Yamai kwanaki ne ƙalilan, yana fara tafiya daga ranar hukunci. Ku yanke shawara da lauya tun kafin ranar zama ko za ku je in ta ɓaci, ƙanenki kuma ya san yana iya bayyana niyyarsa a ofishin gidan kaso a rubuta masa, ya karɓi shaidar ranar da ya yi.